Poutine mai ɗanɗanon Hungari

Poutine abinci ne na lardin Kebek da ke Kanada, wanda ake haɗawa da abu uku: soyayyen dankalin turawa, gutsattsarin sabon cuku, da romo mai kauri da ake zubawa a kai da zafinsa. Wanda ake kira mai ɗanɗanon Hungari wani salo ne na girkin gida, inda ake rage mai, a gasa dankalin maimakon a soya, a kuma ɗauko romon daga tukunyar mutanen Hungari. Ba gargajiyar Kebek ba ce, ba kuma ta Hungari ba.

Asali

Poutine ya ɓullo ne a ƙauyukan tsakiyar Kebek a ƙarshen shekarun 1950, yankin da ke cike da masu kiwon shanun madara. Garuruwa biyu ne suka fi ja-in-ja a kan wanda ya fara: Warwick, inda ake danganta shi da wani mai gidan abinci, Fernand Lachance, a 1957, da Drummondville, inda Jean-Paul Roy ya riƙa sayar da shi da romo a gidan abincinsa tun 1964. An daɗe ana yi masa kallon abincin talakawa da na masu yawon dare kafin ya shiga manyan gidajen abinci na Montreal.

Inda nauyin yake

Giram ɗaya na mai yana ɗauke da kalori 9, na sitaci kuwa 4. Poutine na asali yana tara mai daga wuri uku: man suya, kitsen cuku, da man shanun da ake soya fulawa da shi don romo ya yi kauri. Ga kuma gishiri a cikin cukun da romon.

Gyaran dankalin shi ne mai sauƙi. Ana yanka shi dogo-dogo, a jiƙa a ruwan sanyi don sitacin bayansa ya fita, a tsane shi sarai, a shafa masa cokali ɗaya ko biyu na mai, a gasa a obin mai zafin digiri 220 na ma'aunin Celsius, ana juyawa. Idan aka cunkushe faranti, dankalin turara zai yi, ba zai yi ƙarau ba.

Romon Hungari

Nan ne salon ya samu hujjarsa. A girkin pörkölt, wato naman da ake dafawa a hankali, albasa ce ke kaurara romo: ana yanka ta ƙanana, da yawa, a bar ta a wuta kaɗan-kaɗan har ta narke. Ke nan babu buƙatar man shanu da fulawa. Launi da ƙamshi kuma daga paprika suke, garin busasshen jan tattasai wanda garuruwan Szeged da Kalocsa suka shahara da shi. Tattasan ya iso Hungari a zamanin mulkin Daular Usmaniyya ta Turkawa, kuma a Szeged ne masanin kimiyya Albert Szent-Györgyi ya fitar da bitamin C mai yawa daga cikinsa, aikin da ya shiga cikin abin da ya ba shi kyautar Nobel a 1937.

Paprika na da sharaɗi. Launinsa a mai yake narkewa, don haka ba a iya cire man gaba ɗaya. Kuma yana da sukari, yana ƙonewa nan da nan ya koma ɗaci. Shi ya sa masu girki a can suke sauke tukunya daga wuta kafin su zuba shi, su juya, sannan su ƙara ruwa. A gargajiyance da kitsen alade ake farawa, amma man gyada ko na zaitun yana tsayawa a madadinsa. Sai a ƙara tafarnuwa, tumatir kaɗan da romon kaza ko na sa wanda aka kwashe kitsen samansa. Mai son salon paprikás, wato wata dahuwar Hungari mai romon paprika, yakan sa kirim mai tsami a ƙarshe. Kindirmo mai kauri ya fi sauƙin mai, sai dai a zuba shi bayan an sauke, in ba haka ba ya tsinke. Wanda ba ya cin nama kuwa yana iya bin hanyar lecsó, dahuwar tattasai da tumatir da albasa.

Cuku

A nan ake samun saɓani. Mutanen Kebek suna auna poutine da cukunsa: ya zama sabo, na ranar, mai yin ƙara a haƙori idan an tauna, ya yi laushi a romo ba tare da ya narke ba. Cukun Hungari da ake kira túró fari ne mai marmashewa da ɗan tsami, kuma ba ya wannan ƙarar. Saboda haka gara a riƙe cukun na asali a rage yawansa, a bar shi ya huce daga sanyin firji, a barbaɗa a kan dankali mai zafi, a zuba romo a ci nan take, kafin gasasshen dankalin ya jiƙe.