Waiwaye: Tikitin leƙa sararin samaniya da aka daɗe ana jira

A wata majalisar shayi da ke Nima, a birnin Akra, ranar 20 ga Yulin 2021 matasa sun yi cincirindo a kan waya guda suna kallon attajirin nan Jeff Bezos yana fitowa daga kumbon kamfaninsa na Blue Origin. Wani dattijo ya tambayi tsawon tafiyar, da aka ce masa minti goma ne da 'yan kai, tashi da sauka, sai ya ajiye kofinsa ya ce ai motar haya ta tiro-tiro ba ta kai mutum shataletalen Kwame Nkrumah a wannan lokaci. Dattijon bai yi kuskure ba, domin kumbon ba ya kewaya duniya, yana cillawa ne sama da kilomita 100, fasinja ya yi 'yan mintoci yana shawagi babu nauyin jiki, sannan lema ta sauko da shi.

Asalin harkar gasa ce da aka sanar a 1996, wadda ta ware dala miliyan 10 ga duk wanda ya ƙera jirgi ba da kuɗin gwamnati ba, ya kai wannan tsayi sau biyu cikin mako biyu. Jirgin SpaceShipOne na injiniya Burt Rutan ya lashe kyautar ranar 4 ga Oktoban 2004, a shekarar da attajiri Richard Branson ya kafa kamfanin Virgin Galactic. Ba da jimawa ba ya fara sayar da kujera a kan dala 200,000, wadda ta yi kama da araha idan aka tuna cewa Dennis Tito ya biya kimanin dala miliyan 20 a 2001 kafin Rasha ta kai shi tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa.

Daga nan sai jira ya biyo baya, har da asarar rayuka. A 2007 fashewa a wurin gwajin inji a Mojave ta Amurka ta kashe ma'aikata uku, kuma ranar 31 ga Oktoban 2014 jirgin gwaji na Virgin Galactic ya tarwatse a sama, mataimakin matuƙi Michael Alsbury ya rasu. Branson da kansa bai tashi ba sai 11 ga Yulin 2021, kwana tara kafin Bezos, jirginsa kuma ya tsaya a wajen kilomita 86, abin da ya ta da gardamar inda sararin samaniya ya fara, tunda Amurka tana ƙirgawa ne daga kilomita 80.

Mace ta farko daga nahiyarmu ta Afirka ta samu shiga a Agustan 2022, lokacin da Sara Sabry ta Masar ta hau kumbon Blue Origin, kuma wata ƙungiya ce ta ɗauki nauyinta.

A ganina, abin da ya fi nuna halin da kasuwar take ciki shi ne farashi. An yi ta cewa zai sauko idan fasinjoji suka yawaita, amma da Virgin Galactic ya sake buɗe ciniki a 2021, kujera ta koma dala 450,000. Jon Goodwin, ɗan Ingila da ya yanki tikiti tun 2005, bai samu tashi ba sai Agustan 2023, yana da shekara 80 kuma yana fama da cutar karkarwar jiki. A Yunin 2024 kamfanin ya jingine jirgin da ya ɗauke shi domin ƙera sababbi, alhali ɗaruruwan masu tikiti suna nan a layi.