Mai bayanin zane a talabijin: amsar tambayoyin da kuke ta maimaita mini

Tun da na fara nuna wa ɗalibaina a nan Maradi shirye-shiryen tarihin zane, tambaya ɗaya sai ta zo mini sau goma. Ga amsa, kowa ya karanta.

Wai bayanin zane a talabijin ma aiki ne?

Aiki ne. Robert Hughes, mutumin Ostareliya da ya yi sharhin zane a mujallar Time, ya gabatar da shirin The Shock of the New a BBC a 1980, kashi 8, duk a kan zanen zamani.

Sai da digiri?

Hughes bai gama jami'a ba. Amma kada malalaci ya fake da wannan. Mutumin ya sha karatu, ya yi shekaru a Italiya da Landan yana tsayawa gaban zane yana kallo.

Ai shirmen Turawa ne, ina ruwanmu?

Wannan magana tana ɓata mini rai. A 1907 Picasso, shahararren mai zane ɗan Sifaniya, ya ga sassaƙen Afirka a gidan tarihi na Trocadéro a Paris, kuma hannunsa ya sauya. A 1958 ɗaliban zane a Zariya, cikinsu har da Uche Okeke da Yusuf Grillo, suka ƙi kwaikwayon malamansu Turawa ido rufe. Daga Maradi zuwa Zariya tafiyar yini ce.

Zan iya sa zanen wani a bidiyona?

To, nan sai a hankali, don ya danganta. A ƙasashe da yawa haƙƙin mai zane yana kai shekara 70 bayan mutuwarsa. Van Gogh, mai zane ɗan Holan, ya mutu a 1890, nasa ya fita. Picasso a 1973, nasa da saura. Ko wanda ya fita ɗin, wani gidan tarihin yakan ce hoton da ya ɗauka nasa ne. Wasu dokokin suna barin ka nuna kaɗan in sharhi kake yi, amma kaɗan ɗin ba shi da mudu, kuma YouTube na iya sauke maka aiki. In za ka kai wa Télé Sahel, gidan talabijin na Nijar, fara tambayar ofishin haƙƙin mallaka na BNDA a Yamai. In kuwa mai zanen yana raye, kamar masu zana allon aski, je ka same shi, ku yi magana, ku rubuta. Zanen bangon gida kuma, yi sallama a zaure tukuna, maigida ya yarda.

Ba ni da kuɗin kyamara.

Kwantar da hankalinka, salularka ta isa. Fita da hantsi kafin rana ta kashe kala, tsaya gaban allon wanzamin unguwarku, kawunan nan da aka jera kowane da askinsa, ka faɗi abin da ka gani cikin minti biyu. Kawo mini in duba.