Silimar Nijar: mai tuna wa mutane, ita kuma an manta da ita

A fadar matasa a Tahoua, ka ce Ali Nuhu, kowa ya san shi. Ka ce Moustapha Alassane, sai a yi shiru, alhali a garin nan ya zauna shekaru da yawa kafin rasuwarsa a 2015.

Wane ne shi?

Yana cikin waɗanda suka fara yin fim a Nijar bayan 'yancin kai na 1960, har da na zane mai motsi. A 1966 ya fitar da Le Retour d'un aventurier: saurayi ya dawo daga Amurka da akwati cike da kayan kaboyi, ya raba wa abokansa huluna da bindigogi, suka sauya sunaye, suka hau dawakai suka addabi ƙauyensu. Mutane sun sha dariya, amma tambayar da ke ƙasa mai zafi ce: wanda ya ari rigar wani har ya manta sunan yankansa, shi wane ne yanzu?

To ina ruwan wannan da mulkin mallaka?

Dubi Oumarou Ganda. Faransa ta kai shi yaƙin Indocina yana matashi. Littafin lakwal bai damu da irin waɗannan sojoji ba, sai ya ba da labarin da kansa a fim ɗinsa Cabascabo: tsohon soja ya dawo gida, abokai suka taya shi cinye kuɗin sallama, aljihu na bushewa suka watse. Ganda ne kuma ya fara cin babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka da ake yi a Burkina Faso, a 1972.

Sarauniya Mangu fa?

Ita ce ta tsaya wa rundunar hafsoshin Faransa Voulet da Chanoine a Lougou a 1899. Abdoulaye Mamani ya rubuta labarinta, Med Hondo ya mai da shi fim a 1986. Abin takaici, a Burkina Faso aka ɗauke shi, ba a ƙasarta ba.

Me ya sa yaranmu ba su san finafinan nan ba?

Gidajen silima sun rufe ɗaya bayan ɗaya, kaset da finafinan Kano suka cike gurbin, sai kuma salula. Ni ban ga laifin Kano ba, sun yi mana magana da harshenmu. Rahmatou Keïta ta yi fim a kan Zalika Souley, tauraruwar wancan zamani, wadda daga baya rayuwa ta yi mata tsanani. A Yamai kuwa ana zuwa wasa cibiyar al'adu ta CCOG kullum, ba kowa ya san harufa biyun ƙarshe sunan Ganda ne ba.