Faten tuffa da dafa shi a maikirowef

Faten tuffa abinci ne da ake samu idan an dafa yankakkiyar tuffa har ta yi luguf, sannan a dame ta ko a markaɗa. Kaurinsa ya fi na kunu, bai kai na tuwo ba, ɗanɗanonsa kuwa yana tsakanin zaƙi da tsami gwargwadon irin tuffar da aka sa. Abincin ƙasashen sanyi ne, musamman tsakiya da arewacin Turai da kuma Amurka da Kanada. Jamusawa suna ce masa Apfelmus, mutanen Holan appelmoes, masu jin Ingilishi kuma applesauce. An kira shi fate a nan saboda kamanninsa da faten dankali, ko da yake shi ba mai, ba albasa, ba yaji. A da a tukunya ake yin sa kan wuta kaɗan-kaɗan, amma tun da na'urar maikirowef ta shiga gidaje, ɗan abin da mutum biyu ko uku za su ci ba ya wuce minti 10.

Asali da yaɗuwa

Asalin tuffar da ake nomawa yau daga duwatsun tsakiyar Asiya ne, yankin Kazakistan, inda kakarta ta daji mai suna Malus sieversii take tsirowa har yanzu. Daga can ta bi hanyoyin fatauci zuwa Turai. Manoman ƙasashen sanyi suna girbe tuffa a ƙarshen bazararsu, sai ta yi musu yawa a lokaci guda, wasu sun faɗo sun ƙuje, wasu tsutsa ta taɓa gefe. Dafa irin waɗannan a dame su hanya ce ta hana asara, kuma nan ne tushen wannan abinci.

Kowace ƙasa da abin da take haɗa shi da shi. A Jamus ana cin sa da wainar gurzajjen dankalin Turawa, a yankin Kogin Rayin kuma akwai wani abinci da suke kira Himmel und Erde, wato sama da ƙasa, domin an haɗa tuffa ta saman itace da dankali na cikin ƙasa. Yahudawan da asalinsu gabashin Turai ne suna cin sa da tasu wainar dankalin, latke, a bikin Hanuka. A Holan yara na cin sa da soyayyen dankali da kaza, a Ingila kuma ana ajiye shi gefen gasasshen nama mai kitse, don tsaminsa ya kashe maiƙon. A Amurka kamfanin Mott's, wanda aka kafa a jihar New York a 1842, ya fara sayar da shi a 1930. Ranar 20 ga Fabrairu, 1962, ɗan sama-jannati John Glenn ya matso faten tuffa daga wani ƙaramin bututu ya sha yana zagaya duniya, a wani gwaji na ganin ko mutum zai iya haɗiye abinci inda babu nauyi.

Irin tuffar da ake sawa

Nan ne maganar take, domin zaɓin tuffa ya fi na'urar tasiri a kan abin da zai fito. Naman tuffa ƙananan ƙwayoyin halitta ne cike da ruwa, wani sinadari mai danƙo da ake kira fektin ya manne su da juna. Kusan kashi 85 cikin 100 na nauyin tuffa ruwa ne, kuma akwai iska mai yawa a tsakanin ƙwayoyin, shi ya sa take yawo a saman ruwa ba ta nutsewa. Idan zafi ya shige ta, fektin ya saki, iskar ta fita, ƙwayoyin su rabu, naman ya zube. Sai dai ba kowace tuffa ce take zubewa da sauri ɗaya ba.

Wadda ta fi shahara wajen narkewa ita ce Bramley ta Ingila. Wata yarinya mai suna Mary Ann Brailsford ce ta shuka ƙwallonta a garin Southwell a 1809, amma sunan wani mahauci, Matthew Bramley, wanda ya sayi gidan daga baya, shi ya bi ta. Tsaminta ya yi yawa a ci ta ɗanya, amma da ta ji wuta sai ta kumbura ta zama kamar auduga, cokali kaɗai ya isa a dame ta. McIntosh ta Kanada, wadda John McIntosh ya tsinta a gonarsa a 1811, ita ma tana saurin narkewa, kuma tana da ƙamshi. Granny Smith, koriyar nan mai tsami da ta samo asali kusa da birnin Sidini na Ostireliya a 1868, tana ba da fate mai kaifin ɗanɗano da ke neman ɗan sukari. Golden Delicious da Gala da Fuji suna da zaƙi, ba sa buƙatar ƙarin komai, amma idan su kaɗai ne faten kan fito salam-salam.

Saboda haka masu yin sa suka fi son gauraye: biyu masu tsami, biyu masu zaƙi. Wannan shawara ta dace da kasuwannin Najeriya ma, inda yawancin tuffa shigo da ita ake yi, musamman daga Afirka ta Kudu, kuma kusan kullum ana samun koriya da ja a faranti ɗaya. Tuffar da ta kwana biyu ta fara yamushewa, wadda ba a jin daɗin gatsa, tana yin fate mai kyau. Wadda ta ruɓe ko ta yi fumfuna kuwa a yar da ita gaba ɗaya, domin dafuwa ba ta kashe gubar da fumfunar ke bari.

Yadda na'urar ke dafa ta

Wani injiniya Ba'amurke, Percy Spencer na kamfanin Raytheon, shi ya gano a 1945 cewa igiyoyin da na'urar hango jirage ke fitarwa suna ɗumama abinci. A 1947 aka fara sayar da na'urar maikirowef, ƙatuwa mai tsada, sai a 1967 aka fito da ƙarama ta ɗorawa a kan teburin kicin. Igiyoyin suna juya ƙwayoyin ruwan da ke cikin abinci sau biliyoyi a daƙiƙa guda, wannan motsi shi ke zama zafi. Ba sa shiga da zurfi sosai, santimita ɗaya zuwa biyu ne, daga nan zafin ke ratsawa ciki da kansa.

Abu mai ruwa kamar tuffa ya dace da wannan dafuwa ƙwarai. A cikin ruwan jikinta take nuna, tururin da ya taru ƙarƙashin murfi ya ƙarasa aikin, kuma ba gindin tukunya balle ta kama. Illar kawai ita ce zafin ba ya bazuwa daidai, wani gefe ya nuna wani yana nan da ƙarfinsa. Maganin hakan a yanka ta daidai wa daida, a kuma juya a tsakiyar dafuwa.

Yadda ake haɗawa

Ana ɗaukar tuffa huɗu matsakaita, a wanke, a feraye, a raba kowace gida huɗu a cire tsakiyar da ƙwallayen. Sai a yanka gutsi-gutsi, kowane bai wuce girman kan babban yatsa ba. A zuba a kwanon gilashi ko na tangaram mai zurfi, a sa ruwa cokali biyu ko uku na cin abinci, da ƙaramin cokali ɗaya na ruwan lemon tsami. Lemon ba don ɗanɗano kaɗai ba ne. Tuffa da an yanka ta iska ta taɓa sai ta fara yin ja-ja, tsamin lemon yana rage saurin hakan, faten ya fito da haske.

A rufe kwanon da faranti ko murfi mai ƙofar iska, kada a toshe shi ruf. A na'ura mai ƙarfin wat 800 zuwa 1,000 ana ba shi minti 4 ko 5 a cikakken ƙarfi, a fito da shi a juya, a mayar na minti 3 zuwa 5. Alamar nuna ita ce gutsuren ya sauya daga fari zuwa garai-garai kamar an jiƙa shi da mai, kuma ya baje da an danna shi da bayan cokali. A bar shi a rufe minti 2, domin zafin da ke ciki yana ci gaba da aiki. Wajen buɗewa a ɗaga murfin ta gefen da ba ya fuskantar mutum, tururin yana ƙuna sosai.

Mai son gudaji-gudaji ya dame da cokali mai yatsu, mai son sumul ya sa a blanda bayan ya huce. Sukari a ƙarshe ake sawa, bayan an ɗanɗana, don sau da yawa ba a buƙatarsa. Kirfa ce kayan ƙamshin da aka fi haɗa shi da ita, wasu su ƙara ɗan kanumfari ko citta. Idan aka bar ɓawon jar tuffa aka dafa tare, faten yakan ɗauki launin hoda, sai a tace ta rariya.

Kuskuren da aka fi yi shi ne cika ruwa. Tuffa za ta saki nata, kuma kwanon a rufe yake, ruwan ba ya ƙonewa kamar a tukunya. Idan ya tsinke, a mayar da shi a buɗe na minti ɗaya ko biyu. Kwanon ƙarfe, na silba, ko tangaram mai zanen ruwan zinare a baki ba sa shiga maikirowef, tartsatsi suke yi.

Akwai abin da na'urar ba ta iyawa. Wani nau'in da ake dafawa sa'o'i da yawa har ya yi duhu ya yi kauri a shafa a burodi, wanda aka san Jamusawan jihar Pennsylvania ta Amurka da shi, sai a tukunya. Ɗanɗanon na maikirowef ya fi kusa da na ɗanyar tuffa.

Amfani, lafiya da ajiya

Wanda ba a sa wa sukari ba yana da kalori kusan 42 a giram 100. Ana cin sa da ɗumi ko da sanyi, shi kaɗai ko da yogot. Masu yin kek sukan maye gurbin wani ɓangare na mai da shi, ko su sa rubu'in kofi a madadin ƙwai ɗaya. Saboda laushinsa ana ba tsofaffi da masu jinya, kuma yana cikin abincin farko da ake ba jarirai a Turai da Amurka. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a fara ƙarin abinci daga wata 6, kuma na jariri ba a sa masa sukari, zuma kuwa sam ba a ba wanda bai shekara ba. An daɗe ana ba masu gudawa shi tare da ayaba da shinkafa, amma ba ya maye gurbin ruwan gishiri da sukari na ORS.

Ƙwallayen tuffa na ɗauke da sinadarin amigdalin, wanda ke sakin guba idan an niƙa su. Ɗaya ko biyu ba sa cutarwa, duk da haka cirewa ake yi kafin a markaɗa. Kayan ƙamshi ma a kula da inda aka samo su: a ƙarshen 2023 hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka ta sa an janye wasu ƙunshin faten tuffa mai kirfa da aka yi a Ekwado, bayan an samu gubar dalma a jinin yaran da suka sha, kuma bincike ya nuna daga kirfar take.

Na gida ba shi da sinadarin hana lalacewa. A mazubi mai murfi cikin firji yana kai kamar mako guda, a firiza kuma watanni. Inda wutar lantarki ba ta tsayawa, gara a yi daidai wanda za a cinye a ranar.