Ma'anar ekwasiyon da yadda ake gano x

Duk yaron da ya shiga koleji a Maraɗi zai ji kalmar ekwasiyon a bakin malamin lissafi, kuma za ta bi shi har ranar jarrabawar BEPC ta ƙarshen koleji. Magana ce ta lissafi mai cewa abin da ke hagun alamar = daidai yake da abin da ke dama, sai dai akwai adadi guda da ba a sani ba, an sa harafi a gurbinsa, galibi x. Warware ta shi ne gano adadin da in ya zauna a gurbin x maganar za ta tabbata. Idan ba a ninka x da kansa ba, ana ce mata ta mataki na farko.

A ce an aiki yarinya babbar kasuwa, ta sayo littafin rubutu uku iri ɗaya da biro na sefa 100, ta biya 700. Nawa ne littafi guda? Sai a rubuta 3x + 100 = 700. Ku ɗauki alamar = kamar sikeli da hannuwansa biyu suka daidaita: abin da aka yi wa wannan hannu, dole a yi wa wancan. A cire 100 ta kowane gefe, saura 3x = 600. A raba kowane gefe gida uku, x = 200. Sai dai a kula, a kasuwa dala muke ƙirgawa. Wanda ya fara da dala ashirin kuɗin biro, to ya rubuta 140 a madadin 700, kada ya gwama dala da sefa a layi ɗaya.

Abin da ke damuna shi ne haddar da yara ke yi game da adadin da aka kai ɗaya gefen alamar =: "in ya tsallaka sai ya sauya alama." Babu abin da ke tsallakawa, cirewa aka yi ta gefe biyu. Yaron da ya haddace bai gane dalili ba, ran da ya ga 3x = 12 sai ya rubuta x = 12 − 3, ko ya raba 12 da −3, alhali 3 ɗin ninkawa yake yi, rabawa ce kawai ke kwance shi, amsa 4. Gara malam ya sa su rubuta cirewar da rabawar ɓaro-ɓaro a allo na ƴan makonni kafin a koya musu gajeriyar hanya.

Dabarar ba yau aka fara ta ba. Masanin lissafi Al-Khawarizmi ya tsara ta a Bagadaza wajen shekara ta 820, daga sunan littafinsa aka samo kalmar aljabra, kuma da zallar magana ya yi bayani, ba x ba alamar =. Har matsalolin rabon gado ya warware da ita.

Idan x ya fito ta gefe biyu ma hanyar ɗaya ce. A 5x − 4 = 2x + 11, a cire 2x ko'ina, a ƙara 4 ko'ina, a samu 3x = 15, wato x = 5. Kafin a miƙa takarda a mayar da 5 gurbin x a gani: hagu 25 − 4, dama 10 + 11, duka 21.