Waiwaye: yadda layin dogon Chaina ya kai inda yake yau

Duk wanda ya kalli bidiyon farin jirgin nan mai dogon hanci yana sharara gudu tsakanin Beijin da Shanghai zai ɗauka dama can haka ƙasar take, alhali fa layin dogo na farko da ya yi jigilar fasinja a Chaina tumɓuke shi aka yi. Turawan Birtaniya ne suka shimfiɗa shi a 1876 daga Shanghai zuwa Wusong, kilomita 14 da 'yan kai, ba tare da sahalewar masarautar Qing ba, sai hukuma ta saye shi da kuɗinta a 1877 ta sa aka kwance ƙarafan. Ana yawan ba da labarin nan kamar wauta ce suka yi, ni kam ban ga wauta ba, mutanen sun fahimci cewa wanda ya riƙe dogo shi ya riƙe ƙasa, kuma abin da ya biyo baya ya gaskata su, don Rasha da Jamus da Faransa da Japan kowa sai da ya yanki yankinsa ya ja layinsa.

Shi ya sa har yau suke girmama injiniya Zhan Tianyou, wanda ya gina layin Beijin zuwa Zhangjiakou tsakanin 1905 da 1909 ba da kuɗin baƙi ko injiniyoyinsu ba, ta cikin duwatsun Badaling inda hawan ya yi tsanani har sai da ya tsara yadda jirgi zai shiga wata kwana ya tsaya sannan ya juya da baya ya ci gaba da hawa. Duk da haka zuwa 1949 abin da ƙasar ke da shi bai wuce kilomita dubu 22 ba, kuma yaƙi ya lalata kusan rabi.

Shekarun da suka biyo na koren jirgi ne, mai kujerar katako da cunkoso, ga shi har 1988 masana'antar Datong tana ƙera kan jirgi mai aiki da gawayi. A 1978 Deng Xiaoping ya je Japan ya hau Shinkansen, jirginsu mai tsananin gudu, wanda su Japanawa tun 1964 suke hawansa, to ku duba tazarar. Amma 'yan Chaina ba su tashi da rana tsaka sun ce sai mai gudun kilomita 350 a awa ba. Daga 1997 zuwa 2007 sau shida ana ƙara wa tsofaffin layuka gudu, ana miƙe kwanoni ana sa lantarki ana canja sigina, wannan ne aikin da ba a cika magana a kai ba kuma a ganina shi ne ginshiƙin komai, don a nan ma'aikatansu suka goge.

A 2004 gwamnati ta fitar da taswirar manyan layuka, huɗu daga arewa zuwa kudu huɗu daga gabas zuwa yamma, ta kira kamfanonin waje irin su Alstom da Siemens da Bombardier da Kawasaki ta ce kasuwa ga ta nan amma da sharaɗi, za ku haɗa jiragen a masana'antunmu ku koya wa mutanenmu. Suka yarda saboda girman cinikin, daga baya Kawasaki ta yi ƙorafin cewa an ɗauki fasaharta an canja mata suna, Chaina ta ce a'a ingantawa ta yi. Ranar 1 ga Agustan 2008, mako guda kafin gasar Olamfik, aka buɗe Beijin zuwa Tianjin. A 2011 aka buɗe Beijin zuwa Shanghai mai kilomita 1,318, tafiyar da yanzu ake yi cikin kamar awa huɗu da rabi, kuma mafi yawan layin a kan gada yake, don kada a cinye gonaki kuma kada ƙasa ta lotsa da dogon.

2011 ɗin dai ita ce shekara mafi muni. A Fabrairu aka tsige ministan jiragen ƙasa Liu Zhijun kan cin hanci, sannan ranar 23 ga Yuli kusa da Wenzhou tsawa ta lalata sigina jirgi ɗaya ya afka wa wani ta baya a kan gada, mutum 40 suka rasu. Abin da ya fi ƙona ran jama'a shi ne yadda aka yi gaggawar binne wani ɓangaren jirgin a wurin, kuma suna da gaskiya da suka fusata. Aka rage gudu zuwa 300, aka rushe ma'aikatar jiragen ƙasa gaba ɗaya a 2013, sai a 2017 aka koma 350 da jirgin Fuxing ƙirar gida. Zuwa ƙarshen 2023 layin masu gudu ya kai kilomita dubu 45, ya fi na sauran duniya in an haɗa su.

Jirgin ƙarƙashin ƙasa kuwa labarinsa daban ne, kuma birane ne ke tafiyar da shi ba kamfanin dogo na ƙasa ba, don haka tikitinsa ma daban. Na Beijin an fara haƙa shi a 1965 da tunanin yaƙi, yadda za a kwashe sojoji da jama'a in an kawo hari, aka gama a 1969. Shanghai sai 1993, Guangzhou 1997. Har farkon shekarun 2000 layi biyu kacal Beijin ke da shi, yau ita da Shanghai kowacce ta haura kilomita 800, kuma birane sama da 40 suna da nasu. Kowane magajin gari ya so a ce shi ma ya yi, har sai da gwamnatin tsakiya ta taka birki, ta dakatar da aikin birnin Baotou a 2017, a 2018 kuma ta ce garin da mutanensa ba su kai miliyan 3 ba kar ma ya nemi izini.

Maganar bashi ba a ɓoye take ba, na kamfanin dogo na ƙasa ya wuce yuwan (kuɗin Chaina) tiriliyan 6. Layin Beijin zuwa Shanghai yana cin riba, da yawa daga na yammacin ƙasar ba sa ko mayar da kuɗin gudanarwa, kuma akwai tashoshin da aka gina nesa da gari har zuwa tashar ya fi tafiyar kanta wahala.

In mutum zai sayi tikiti a manhajar 12306 ta kamfanin dogo na ƙasa, harafin farkon lambar jirgi shi ke gaya masa komai, G mafi gudu da tsada, D na bi masa, C tsakanin garuruwa makusanta, sai Z da T da K na tsohon dogo masu gadon kwana. Waɗannan na ƙarshen su ne har yanzu lebura ke nema lokacin komawa gida bikin sabuwar shekara, don tikitin G ya fi ƙarfin aljihunsa. A duwatsun Liangshan na lardin Sichuan ma akwai koren jirgi mai lamba 5633 da ke tsayawa kusan kowace ƙaramar tasha, mafi ƙarancin kuɗinsa yuwan 2, manoma na shiga da awaki da kaji da buhunan dankali, gwamnati na sane da cewa asara yake yi kuma ta bar shi yana tafiya.