Yadda aka manta da Binka Zhelyazkova a ƙasarta

Tun da aka fara gyara tsofaffin finafinan Bulgeriya ana haska su a bukukuwan fim na Turai, tambaya ɗaya ake ta jayayya a kanta: ta yaya mai ba da umarnin fim irin Binka Zhelyazkova ta ɓace daga bakin mutane, har matasan ƙasarta ba su san ta ba? Da yawa suna cewa ai hana nuna finafinanta ne ya jawo. Hakan ya taka rawa, amma a ganina ba a nan gizo ke saƙar ba.

An haife ta a Svilengrad a 1923, ta shiga gwagwarmayar matasa masu adawa da fasikanci lokacin yaƙin duniya na biyu. Fim ɗinta na farko, wanda suka yi da mijinta Hristo Ganev a 1957, ya taɓo tsoffin 'yan gwagwarmaya da suka samu mulki suka manta da abin da suka yi yaƙi dominsa. Hukumomi suka hana nuna fim ɗin. Na biyu, A byahme mladi, ya ci lambar zinare a bikin fim na Mosko a 1961. Privarzaniyat balon na 1967, labarin ƙauyawa masu bin wani katon balan-balan na soja da iska ta kawo musu, shi ma aka ajiye shi. Poslednata duma ya shiga gasar bikin fim na Cannes a Faransa a 1974.

Shekarar da ba a cika tsayawa a kanta ba ita ce 1988, lokacin da aka saki wancan fim na farko. Shekara 31 yana kwance cikin gwangwanayen ƙarfe a ɗakin ajiya. Waɗanda aka yi shi dominsu, samarin 1957 da suka san fuskokin mutanen da yake magana a kansu, sun yi furfura, wasu sun rasu. 'Ya'yansu kuwa damuwarsu daban, sai suka kalle shi kamar tsohon hoton gidan kaka. Fim yana da lokacinsa kamar shuka, in damina ta wuce ko ka zuba iri mai kyau ba zai tsiro ba. Wannan ne ya fi min ciwo a labarinta.

Kafin a gama narkar da shi sai ga Nuwamba 1989, mulkin kwaminisanci na Bulgeriya ya faɗi. Kuɗin da ake shirya finafinai da su ya ƙafe, ƙasar da ke fitar da kusan fim 20 a shekara ta koma 'yan ƙalilan. Gidajen sinima a ƙananan garuruwa suka rinƙa rufewa, kaset ɗin bidiyo da finafinan Amurka suka cika gari. Lokacin da aka buɗe wa Binka ƙofa, babu sauran zauren da za ta shiga.

Daga nan ba ta sake yin fim ba. Ta rasu a Sofiya a 2011.